Tambaya a kan tarihin gidajen yari a jihar Wyoming ta Amurka

Ɗalibin Shari'a, Katsina:

Assalamu alaikum. Tun da aka yi wa tsarin mulkin Najeriya gyara a shekarar 2023, aka ba jihohi damar kafa gidajen gyaran hali nasu, nake neman misalin wata jiha ta makiyaya wadda ta karɓi ragamar gidan yari daga hannun gwamnatin tarayya, domin in ga yadda ta kaya. An nuna mini Wyoming da ke yammacin Amurka, wadda faɗinta ya ninka na Jihar Katsina sau goma, amma mutanenta ba su kai 600,000 ba. Ina roƙon iyayena da malamaina su bayyana mini yadda gidajen yarinta suka faro, su waye ake ɗaurewa, kuma wa ke ɗaukar nauyin cinsu.

Malamin Tarihi, Daura:

Wa alaikumus salam, ɗana. Gidan yari na farko a can gwamnatin tarayya ce ta gina shi a garin Laramie a 1872, jim kaɗan bayan layin dogo ya ratsa yankin ya kwaso ma'aikata da 'yan ci-rani da makiyaya, tare da ɓata-garin da ba a rasa su a irin wannan taro. Da yawa daga waɗanda aka ɗaure laifinsu bai wuce satar dawaki da shanu ba, domin dabba ita ce dukiyar wurin, kuma wanda ya fi shahara a cikinsu, Butch Cassidy, a kan satar doki ya zauna daga 1894 zuwa 1896. Ana aske wa fursuna kai, a sa masa tufafi masu ratsi, a kira shi da lamba maimakon sunansa, sannan a hana shi magana da ɗan'uwansa ko a wurin aiki.

Da Wyoming ta zama cikakkiyar jiha a 1890, gidan ya koma hannunta, kuma a nan amsar tambayarka take. Jihar ba ta da kuɗin kirki, sai ta miƙa fursunonin ga ɗan kwangila. Gwamnati na biyan sa wani abu a kan kowane mutum a kullum, shi kuma ya ciyar da su, ya sa su aikin haɗa tsintsiya, ya sayar, ribar ta zama tasa. Haka aka ci gaba bayan an buɗe sabon gida a garin Rawlins a Disamban 1901, mai ɗakuna 104, babu lantarki, babu ruwan famfo, a ƙasar da ƙanƙara ke rufewa watanni. Sai a 1911 jihar ta soke wannan tsari ta karɓi gidan da kanta, masana'antar tsintsiyar kuwa fursunoni ne suka banka mata wuta a wata tarzoma. Kafin a rufe gidan Rawlins a 1981, mutum 14 aka zartar wa hukuncin kisa a cikinsa, 9 ta rataya, 5 da iskar guba. A yau shi da na Laramie duka gidajen tarihi ne da baƙi ke ziyarta.

Tsohon Gandiroba, Katsina:

Allah ya gafarta Malam, bayaninka ya taɓa ni, domin na san abin da ake nufi idan aka ce ribar mutum tana cikin kwanon fursuna. Duk ludayin da aka rage, aljihunsa ya shiga, kuma wanda aka rage wa ba shi da ƙofar da zai kai kuka. A wani gida da na yi aiki, na sha ganin ɗaurarre ya riƙe kwanon gabza yana karkata shi don ya ga ko akwai ɗigon mai a sama, sannan ya dube ni, ni da ba ni na dafa ba amma ni ne hukumar da idonsa ke iya gani. Ranar ziyara za ka ga tsohuwa ta taso daga ƙauye da tuwo a langa ta ɗaure da ɗankwali, sai ta ɗanɗana a gabanmu kafin a shigar, kuma wannan tuwon ne ke riƙe da yawansu.

Mu ma mun taɓa ganin sauyin hannu, sai dai namu daga ƙasa ya yi sama. A da mafi yawan gidajen yari a Arewa na En'e ne, Yari ke kula da su a ƙarƙashin Sarki, sai a 1968 gwamnatin tarayya ta haɗe su duka a hannunta. Ba na adawa da aikin fursuna, domin zaman banza a ɗaki ya fi gwale-gwale lalata mutum. Abin da ba zan taɓa yarda da shi ba shi ne a haɗa ciyarwa da cin gumin ɗaurarre a hannun mutum guda mai neman riba.

Malama, Daura:

Baba, ina goyon bayanka, amma akwai ɓangaren da maza ke yawan tsallakewa. Mata ƙalilan ne aka taɓa ɗaurewa a Rawlins, kuma daga 1909 aka riƙa tura su wasu jihohi irin su Colorado saboda ba a yi musu tanadi ba, har sai da aka yi shekaru masu yawa kafin jihar ta samar musu nasu wurin, wanda tun 1984 yake a garin Lusk. Ku duba halin uwar da aka kai wata jiha, 'ya'yanta ba su da kuɗin motar zuwa ganinta. Matsalar ba ta ƙare ba, domin a 2023 ƙarancin ma'aikata ya sa Wyoming ta tura wasu fursunoninta maza har jihar Mississippi.

Abin da ya burge ni shi ne gonar fursunoni ta garin Riverton, inda tun 1988 ake kawo dawakan daji waɗanda ba su taɓa sanin linzami ba, fursunoni su hore su sannu a hankali har su karɓi sirdi, sannan a yi gwanjonsu. Doki ba ya sabawa da mai gaggawa ko mai zafin hannu, don haka dole mai horon ya fara danne zuciyarsa. A ƙasa irin tamu ta Katsina da Daura, inda ake hawan salla kuma masu kula da barga ke da daraja, wannan sana'a ce da mutum zai fito ya ci abinci da ita.

Ɗalibin Shari'a, Katsina:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Baba, saura tambaya ɗaya gare ka. Mafi yawan waɗanda ke tsare a gidajenmu masu jiran shari'a ne, ba a yanke musu hukunci ba, kuma bai halatta a tilasta musu aiki ba. Idan jiha ta kafa gona irin ta Riverton, ta yaya waɗannan za su amfana da ita?