Ƙanena ya shekara biyu a gidan yari ba a fara shari'a ba, ya zan yi?

Salam 'yan uwa, dan Allah wanda ya san harkar kotu ya ba ni shawara. An kama ƙanena tun 2023 a wani kame da aka yi a unguwarmu bayan wani fashi, aka kai shi kotun majistare, alƙali ya ce ba shi da hurumin sauraron kes ɗin fashi da makami, sai babbar kotu, amma ya tura shi gidan yari a jira shawarar lauyoyin gwamnati. To shawarar nan har yau shiru, duk zaman kotu sai a ɗage, yau fayil bai dawo ba, gobe ba motar kawo fursunoni, jibi alƙali na hutu.

Yaron nan tela ne, an sayar da kekensa wajen biyan lauya, auren da aka sa masa rana ya watse, ga ƙaiƙayi duk ya cinye masa jiki. Innarmu kuwa hawan jini ya kama ta.

Wani ya ce min dokar ACJA ta 2015, wato dokar tarayya ta gudanar da shari'ar laifuka, ta ce umarnin tsarewa kwana 14 ne kafin a sabunta, shin tana aiki a kotun jiha ko sai dokar jihar? Kuma za mu iya neman beli kai tsaye a babbar kotu? Legal Aid Council, hukumar gwamnati mai ba marasa ƙarfi lauya, da ake cewa kyauta ne, ya ake kai musu? Sannan zagayen da babban jojin jiha ke yi a gidajen yari yana sallamar mutane, wa ke saka suna a ciki?