Idan na cire Steam daga kwamfuta, wasannina sun tafi ke nan?

Sabon_Shiga:

Assalamu alaikum jama'a. Steam ɗin kwamfutata, manhajar nan ta saye da buga wasanni, ya daina buɗewa. Sai ya fara sabunta kansa, ya tsaya, ya rufe. An ce in cire shi gaba ɗaya in sake girkawa, to amma akwai wasanni a ciki na kusan GB 300, wasu a faifan C wasu a D, har da GTA V da Dota 2 da Stardew Valley da Dark Souls III. Idan na cire shi, sai na sake saye ne? Ko sai na sake sauke su daga farko? Kuma inda na tsaya a kowane wasa fa? Ina da Epic Games Launcher ma, wata manhajar wasanni irin Steam, ko duk abin ɗaya ne? Windows 11 nake amfani da ita.

Mai_Gyara:

Wa alaikumus salam. Ɗan'uwa, ka ɗage hannu daga Uninstall tukuna.

Batun kuɗi babu abin tsoro. Wasan da ka saya yana rubuce ne a asusunka a sabar kamfanin Valve mai Steam, wato kwamfutocinsa da ke intanet, ba a kwamfutarka ba. Ko an sace kwamfutar, da zarar ka shiga asusun a wata za ka ga jerinsu a Library. Ko wasan da aka janye daga kasuwa yakan zauna a hannun wanda ya riga ya mallaka: Rocket League ya bar shagon Steam tun 2020, amma masu shi suna saukewa har yau.

Fayilolin su ne abin lura. Steam yakan zauna a C:\Program Files (x86)\Steam, wasanninsa kuma a cikin steamapps\common da ke ƙarƙashin wannan foldar. Idan ka cire shi ta hanyar Windows, zai tafi da duk abin da ke wurin, har da wasannin, kuma ba sa shiga Recycle Bin balle ka dawo da su. Shi kansa Valve ya faɗi haka a shafinsa na taimako, ya ce a fitar da steamapps waje kafin a cire. Na faifan D, waɗanda ke cikin foldar SteamLibrary, galibi ba ya taɓa su. Sai dai idan ka yi amfani da manhajojin nan masu bin sawu su share ragowar fayiloli bayan cirewa, ka karanta jerin abin da za su goge da kyau, don suna iya haɗawa da ita.

Idan cirewar ta zama dole, ka fara rufe Steam sosai. Danna X ba ya isa, ka je ƙaramin tambarinsa kusa da agogo ka zaɓi Exit, sannan ka duba Task Manager ka tabbatar babu steam.exe. Ka buɗe sabuwar folda, misali C:\Ajiya, ka yanko steamapps da userdata ka liƙa a ciki. Yankowa za ka yi, ba kwafa ba. Muddin a faifai ɗaya ne, Windows tana sauya adireshin fayil ne kawai, ko GB 200 ne nan take zai gama kuma ba ya cin ƙarin wuri. Kwafa kuwa tana buƙatar wani wurin daidai girman wasannin. Bayan nan ka cire Steam, ka girka sabo, ka buɗe shi sau ɗaya ka shiga asusu, ka sake rufewa, ka mayar da foldojin biyu wurinsu. Na D kuma ka shiga Settings, Storage, ka danna Add Drive, ka nuna masa SteamLibrary ɗin.

Kuskuren da ya fi yawa shi ne mutum ya ɗauki common kaɗai ya bar sauran. A cikin steamapps akwai ƙananan fayiloli masu suna appmanifest da lamba, ƙarshensu .acf. Na Dota 2 shi ne appmanifest_570.acf, na GTA V na asali appmanifest_271590.acf. Kowanne 'yan KB ne, amma da su Steam ke sanin wasa kaza yana nan, a folda kaza, sigarsa kaza. Idan suka ɓata, zai nuna maka Install alhali wasan na zaune a faifai. Ba asara ba ce: ka danna Install ka zaɓi faifan da wasan yake, zai binciko fayilolin da ke nan ya sauke abin da ya rage kawai. Matsalarsa biyu. Yakan nemi ganin sarari a faifai kamar sabon girki zai yi, don haka idan faifan ya cika sai ya ƙi. Kuma idan ka ga kamar ya fara saukewa ka firgita ka soke, yana iya share foldar wasan ɗungurungum. Ka bar shi ya gama lissafinsa. A steamapps ɗin nan ne kuma foldar workshop take, inda abubuwan da ka ƙara wa wasanni daga Steam Workshop suke.

Idan faifan waje za ka kai su, ka duba kada ya zama FAT32, don ba ya karɓar fayil ɗaya da ya kai GB 4, manyan wasanni kuwa cike suke da irinsu. NTFS ko exFAT.

'Yar_Lissafi:

Bayanin Malam Mai_Gyara daidai ne, amma ni ban ga dalilin cirewar ba ma. Irin wannan matsalar ta maƙalewa wurin sabuntawa, akwai hanya mafi sauƙi. Ka rufe Steam, ka shiga foldarsa, ka goge komai ban da abu uku: steamapps, userdata da steam.exe. Sai ka danna steam.exe. Zai sauke sauran fayilolinsa da kansa, 'yan ɗaruruwan MB, ya tashi sabo, wasannin ba su motsa daga inda suke ba. Ga mai sayen data da kuɗinsa, tsakanin wannan da sake sauke GB 300 ai ba a haɗawa. Zai nemi ka sake shiga asusu, kuma mai yiwuwa ka sake nuna masa faifan D.

Kafin komai ka tabbatar za ka iya shiga asusun, don a nan ne mutane ke rasa wasanni da gaske. Wanda ya shekara uku Steam na buɗe masa da kansa, sau da yawa ya manta kalmar sirri. Sunan shiga daban yake da sunan da abokai ke gani, na farkon ake tambaya. Steam Guard, tsarin tsaron asusun, zai turo lamba ta imel ko ya nemi amincewa ta manhajar waya, to ka duba imel ɗin na buɗewa, wayar kuma tana hannunka. Idan manhajar waya ce, akwai lambar ceto mai farawa da harafin R da aka ba ka ranar da ka kunna ta, ka neme ta.

Sai ajiyar inda ka tsaya, wadda ba ta da wuri guda, kowane kamfani da inda ya ga dama. Dota 2 ba ka da damuwa, matsayinka da kayanka suna sabar Valve. Stardew Valley yana ajiyewa a %AppData%\StardewValley\Saves kuma yana da Steam Cloud, wato kwafin ajiyar da Steam ke riƙewa a intanet. GTA V yana Documents\Rockstar Games\GTA V\Profiles, na Online ɗinsa kuma yana wurin Rockstar. Wanda ya kamata ka kula da shi shi ne Dark Souls III: ba ya amfani da Steam Cloud, ajiyarsa na %AppData%\DarkSoulsIII kawai. Cire Steam ba zai taɓa ta ba tunda tana wajen foldarsa, amma ranar da aka yi wa kwamfutar sabuwar Windows ta tafi. Ka kwafe ta a filashi yanzu, ba ta da girma.

Waɗanda cirewa ke cinyewa su ne masu ajiya a cikin foldar Steam: ko dai a userdata, ƙarƙashin lambar asusunka da lambar wasan, ko a cikin foldar wasan kanta, kamar yadda tsofaffin wasanni da yawa ke yi. Hotunan da ka ɗauka da F12 ma suna userdata, a foldar 760. Idan ba ka ɗora su a intanet ba, babu kwafinsu a ko'ina.

Kada ka dogara da zato wurin Cloud. Ka shiga store.steampowered.com/account/remotestorage, za ka ga wasannin da ke da ajiya a can, da fayilolinsu da kwanan wata, har kana iya sauke su. Wanda ya daɗe yana wasa ba intanet, ko aka ɗauke wuta kafin Steam ya gama turawa, abin da ke can tsoho ne. Bayan gyara idan ya nuna maka an samu saɓani tsakanin ajiyar kwamfuta da ta Cloud, ka karanta kwanan watan kowanne kafin ka zaɓa, don wadda ka zaɓa za ta hau kan ɗayar.

Sabon_Shiga:

Na gode ƙwarai, Malama. Zan fara gwada ta abu ukun. Amma a ce na fitar da steamapps na bar Steam a cire, ba zan iya shiga foldar wasa in danna fayil ɗinsa ya buɗe ba? Kuma ba a taɓo Epic ba.

Baban_Wasa:

Ƙanena, yawancinsu ba za su buɗe ba. An haɗa su da Steam ne ta yadda idan wasan ya tashi sai ya tambaye shi ko wannan asusun ya mallake shi. Idan bai same shi ba, ko ya rufe shiru, ko ya fito da saƙon kuskure. Alamar wasan (shortcut) da ke fuskar kwamfuta ma ba fayil ɗin wasa take nunawa ba, adireshi ne mai farawa da steam://rungameid, don haka ita ma ta mutu. Akwai waɗanda masu su ba su sa wannan makulli ba, suna buɗewa kai tsaye, amma shagon ba ya rubuta maka wanne ne. Gwaji ke nunawa: ka rufe Steam ka danna fayil ɗin, idan wasan ya tashi ba tare da ya kira Steam ba, to yana cikinsu. GTA V kuwa ƙofa biyu gare shi, bayan Steam akwai Rockstar Games Launcher da asusunsa daban.

Idan abin da ke damunka shi ne intanet, ba sai an cire ba, akwai Go Offline a menu na Steam. Ka shiga asusu sau ɗaya da intanet, ka bar wasannin su gama sabuntawa, ka buɗe kowanne sau ɗaya, sannan ka koma.

Epic kuwa a nan ne ake shan wahala. Wasanninka na kyauta da na saye duk suna asusu, kamar Steam. Fayilolin suna C:\Program Files\Epic Games, bayanan da yake gane su da shi kuma suna wani wuri daban, C:\ProgramData\Epic\EpicGamesLauncher\Data\Manifests, foldar da ke ɓoye sai ka kunna nuna ɓoyayyun fayiloli. Ka kwafe Manifests ɗin nan kuma ka kawar da foldojin wasannin gefe kafin ka taɓa shi. Idan bayan girkawa ya ƙi gane wasa, dabarar da aka saba ita ce ka sauya wa foldar wasan suna, ka fara Install a wuri ɗaya, ka bari ya ɗan sauke kaɗan ka dakatar, ka rufe manhajar gaba ɗaya, ka zuba tsofaffin fayiloli a sabuwar foldar, ka buɗe ka ci gaba. Zai tantance su maimakon saukewa. A ganina wannan gazawa ce ga shagon da ya buɗe tun 2018, alhali takwarorinsa Battle.net da Ubisoft Connect duk suna ba ka damar nuna musu inda wasa yake da danni ɗaya.

Shagon wasanni na GOG ne kaɗai ya bambanta daga tushe. Manhajarsa GOG Galaxy ba dole ba ce, wasanninsa na buɗewa ba tare da ita ba, kuma kana iya sauke fayil ɗin girkawa ka ajiye a faifan waje ka girka ko babu intanet. Na Game Pass na Microsoft kuma haya ce, ranar da kuɗin wata ya ƙare ko wasa ya bar jerin, fayil yana nan amma ba ya buɗewa.

Ina da ɗan gyara ga maganar Malam Mai_Gyara cewa babu tsoro a batun kuɗi. Game da cire manhaja, haka ne. Amma abin da ke asusun lasisi ne, wato izinin amfani, Steam ma ya fara rubuta hakan a wurin biya tun Oktoban 2024. Wasan da ya dogara kacokan ga sabar kamfaninsa yana iya mutuwa ko kana da duk fayilolinsa, kamar The Crew da Ubisoft ya rufe a ƙarshen Maris 2024.

Mai_Gyara:

Na karɓi gyaran, Baba. Sabon_Shiga, ƙarin abu biyu. Bayan ka gama, ka danna kowane wasa da dama, Properties, Installed Files, Verify integrity of game files. Sai dai idan ka yi wa wasa kwaskwarima da hannu ta hanyar sauya fayilolinsa na asali, tantancewar za ta mayar da su yadda suke, ka ajiye kwafi tukuna. Na biyu, idan ta abu ukun ba ta yi ba, to mai yiwuwa matsalar ba daga fayilolin Steam take ba, cirewa ma ba lallai ta magance ta ba. Ka duba agogon kwamfuta ko ya kauce, ka dakatar da manhajar kariya na ɗan lokaci, ka gwada wani layin intanet, ka kuma tabbatar akwai aƙalla 'yan GB a buɗe a faifan C.