Kan sarkin da ake bugawa ta intanet: zai yi aiki daga nan Ringim?

Mai shagon buga takardu, Ringim:

Assalamu alaikum. Masu ɗinkin hula da dukawan garinmu sun fara samun masu saye daga Ingila da Amurka, ana kuma cewa a can mutum yana biyan kuɗin aika saƙo ta intanet, ya buga kan sarki da firintarsa a gida. Me zai hana mutum ya yi fotokofin guda ɗaya ya manna wa kwali goma? In na buɗe asusu a Stamps.com, kamfanin Amurka mai sayar da kan sarki ta intanet, zan iya buga wa mutane daga nan? Wace na'ura ya kamata a saya?

Tsohon ma'aikacin gidan waya, Kazaure:

Wa alaikumus salam, ɗana. Asalin abin injin buga hatimin biya ne da kamfanoni ke ajiyewa a ofis, wanda Amurka ta amince wa kamfanin Pitney Bowes da shi a 1920. A zuba wa injin kuɗi, duk wasiƙar da ya buga wa hatimi ya rage. Na intanet ɗin ya zo ne a watan Agustan 1999, lokacin da hukumar gidan waya ta Amurka ta ba kamfanonin E-Stamp da Stamps.com izini. E-Stamp wata 'yar na'ura take bayarwa a maƙala wa kwamfuta, kuɗin na cikinta. Stamps.com kuwa ta ajiye asusun kuɗin a kwamfutocinta, sai ka shiga intanet kafin ka buga. Tsarin na biyu ne ya ɗore: E-Stamp ta bar harkar a ƙarshen 2000, Stamps.com ta sayi haƙƙin fasaharta a 2001. Jamus ta fito da nata tsarin mai suna Stampit a 2001, Ingila da SmartStamp a 2004.

Maganar fotokofi kuwa, sirrin yana cikin zane mai ɗigo-ɗigo da ke jikin kan sarkin, wanda ake kira PDF417 ko Data Matrix. A ciki akwai lambar asusun da ya biya, adadin kuɗin, kwanan wata, lambar yankin da saƙon ya taso, jimillar abin da asusun ya kashe zuwa lokacin, sai sa hannun lantarki da ya kulle su duka. Tunda jimillar tana ƙaruwa da kowane bugu, ba a samun zane biyu iri ɗaya. Ka sauya kuɗin, sa hannun ya ƙi dacewa. Ka kwafa, injin tantancewa ya karanta lamba ɗaya sau biyu, ga kuma lambar asusun da ya biya a ciki.

Amma ka cire rai da Stamps.com. Kuɗin da aka biya can na gidan wayan Amurka ne, na kayan da aka jefa a cikin Amurka. Kwalin da zai tashi daga Jigawa ba ruwansa da shi.

Hajiya mai fitar da kaya, Haɗeja:

Baba ya gama magana. Abin da za ka iya daga shagonka, ƙanena, shi ne takardar kamfanin jigila. A MyDHL+, shafin intanet na kamfanin DHL, za ka cike sunan mai aikawa da mai karɓa, ka sa nauyi da girman kwali, ka biya, ka sauke takardar ka buga. Kwalin dai sai an kai shi inda suke karɓa, mafi sauƙi Kano. In EMS, saƙon gaggawa na NIPOST, ake so, a je kantar gidan waya a auna.

Inda ake tafka asara shi ne awo. Kamfanonin jigila irin DHL ba sikeli kaɗai suke dubawa ba. Tsawo sau faɗi sau tsayi da santimita, a raba da 5000, sai a kwatanta da nauyin sikeli, wanda ya fi yawa shi za a biya. Kwali mai 40 da 30 da 30 ya zama kilo 7.2 ke nan, ko da hulunan ciki ba su kai kilo 3 ba. Don haka a nemi kwali daidai kaya, a auna bayan an rufe shi da salatif, ba kafin nan ba. Wanda ya rage nauyi a fom, za su sake aunawa su biyo shi da ciko.

Sai kwastam. Ta gidan waya ƙaramin ƙunshi fom ɗin CN22 ake cike masa, babba ko mai tsada CN23. Kada a rubuta "kyauta" ko "kaya" kawai. A ce hular auduga ɗinkin hannu, guda nawa, farashin kowace. Zoɓo da riɗi suna buƙatar takardar lafiyar tsirrai daga NAQS, hukumar da ke tantance lafiyar kayan gona. Kilishi kam kada ma ka karɓa, Ingila da Amurka ba sa barin nama irin wannan ya shiga.

Mai gyaran na'urori, Ɗambatta:

Malam, girman takardar manne da aka saba inci 4 da 6 ne, kusan santimita 10 da 15. Ƙaramar firinta mai buga da zafi, irin su Zebra ko Xprinter, mai ɗigo 203 a inci, ta isa. Ba ta shan tawada, ba ta jan wuta sosai, ƙaramar inbata ta sola na ɗaukarta. Firintar leza kuwa tana jan ɗaruruwan wat duk lokacin da take ɗumama, shi ya sa take kashe ƙananan inbatoci.

Wajen bugawa a sa girman a 100 bisa 100. Muddin aka bar kwamfuta ta matse shafin don ya shige takarda, layukan lambar za su haɗe, na'urar karatu ta ƙi su. Kada a ɗauki hoton allon waya a buga, a buɗe fayil ɗin PDF na ainihi. In ka ga farin layi siriri ya ratsa takardar daga sama har ƙasa, ƙura ce ta zauna a kan bugawar, abin da ya yawaita da hunturu. A kashe na'urar, a bari ta huce, a goge da auduga da sifirit. In layin bai tafi ba, ɗigon ya mutu, sai sauya kan.

Tsohon ma'aikacin gidan waya, Kazaure:

Ban yarda da mai buga da zafi kai tsaye ba a ƙasarmu. Takardarta zafi ne ke baƙanta ta, irin rasit ɗin POS. Kwalin da ya wuni a saman mota daga Ringim zuwa Kano a watan Afrilu zai iya isa da takarda ta yi duhu.

Mai gyaran na'urori, Ɗambatta:

Gaskiya ne, Baba, ranka ya daɗe. To a sayi mai ɗaukar ribon, wato zirin tawada da zafi ke mannawa a takarda, bugunta ba ya tsoron rana. Ko a buga da leza a farar takarda, a zura a ledar manne mai haske. Mai tawadar ruwa ce ba ta da daɗi, yayyafi kaɗan ta zube. Kuma kada a shimfiɗa salatif a kan lambar: yana ƙyalli, yana kuma koɗar da bugun zafi. A manna a faffaɗan gefen kwali, ba kan gaɓa ko kusurwa ba, a sa kwafi na biyu a ciki.

Mai shagon buga takardu, Ringim:

Allah ya saka da alheri. In wani ya kawo lambar bibiyar saƙo, yaya zan gane ta gaske ce?

Tsohon ma'aikacin gidan waya, Kazaure:

Ta gidan waya gurbi 13 ce: harafi biyu, lamba tara, sai harafin ƙasa biyu, namu NG. E a farko EMS ne, R kuma rajista. Lamba ta tara ta gwaji ce. Ka ninka takwas ɗin farko bi da bi da 8, 6, 4, 2, 3, 5, 9, 7, ka tara, ka raba da 11, ka cire ragowar daga 11. In 10 ya fito a rubuta 0, in 11 ne a rubuta 5. Wannan kuskuren rubutu yake kamawa. Shaidar an karɓi kaya ita ce ka sa lambar a shafin hukumar gidan waya ka ga an karanta ta a kantar karɓa, da rana da sunan ofis.