Ivermectin ɗin shanu ga kare mai kilo 3: yaya ake auna shi?

Assalamu alaikum, likitocin dabbobi da masu kiwon karnuka a nan Maradi, ina neman taimako.

Ƙaramin kare ne, kilo 3, ƙazuwa ta kama masa kunnuwa da gwiwoyi. Abin da ake samu a kasuwa ivermectin ɗin shanu ne (maganin tsutsar ciki da ƙwarin fata) mai ƙarfin kashi 1 cikin 100, wato mg 10 a kowane ml. A lissafin mg 0.2 ga kowane kilo, karen yana buƙatar mg 0.6, wato ml 0.06 kacal. Sirinjin ml 5 ba zai auna wannan ba, kuma in aka zarce, karen na iya shiga tangaɗi da dalalar miyau, ya yi rawar jiki, har ya makance.

Na ga sirinjin insulin na masu ciwon sukari, mai maki 100 a ml guda. Maki 6 shi ne daidai? Wasu kuma suna cewa a tsarma da ruwa, ni ban yarda ba, don maganin ba ya narkewa sosai a ruwa. Da me ake tsarma shi? Allura ta biyu bayan kwana 14 ce? Allah ya saka da alheri.