Neman shawara: ɗan naman kaza mai zubar da jini, wane suna zan rubuta?

Mai tambaya: Assalamu alaikum 'yan uwa. Rahoton makaranta nake haɗawa, na maƙale. Na ci karo da wasu ƙananan naman kaza a kurmi, sun fito cunkus a jikin ruɓaɓɓen kututture. Hular ba ta wuce santimita 3 ba, kamar 'yar ƙararrawa, ja-ja mai duhu. Da na karya ƙafar ɗaya sai wani jan ruwa ya ɗigo, har ya rina min yatsa. Wani tsohon littafi ya ce Agaricus haematopus, a intanet kuma na ga Mycena haematopus. Iri biyu ne? Wanne zan rubuta?

Amsa ta farko: Wa alaikumus salam. Abu ɗaya ne, ƙanena, gida kawai aka sake masa. Wani masanin naman kaza mai suna Persoon ne ya fara bayyana shi a 1799, zamanin da kusan duk naman kaza mai siraran layuka a ƙarƙashin hula ake jibge shi cikin Agaricus. A 1871 Paul Kummer ya mayar da shi Mycena. Mycena haematopus za ka rubuta, danginsa Mycenaceae, a ƙarƙashin babban rukunin Agaricales. In ka ga Tricholomataceae a wani littafin kada ka ruɗe, can aka ajiye su kafin binciken DNA ya raba gardama. Haematopus ɗin ma Girkanci ne, wato "ƙafar jini".

Amsa ta biyu: Malam ya yi bayani, amma ni ina ganin an yi saurin raɗa suna. Ba shi kaɗai ke zubar da jini ba, akwai Mycena sanguinolenta. Wannan ya fi ƙanƙanta, ƙafarsa siririya kamar zare, ya fi fitowa a ƙasa cikin ruɓaɓɓun ganye, kuma bakin layukansa ja ne. Ka duba da gilashin ƙara girma. Sannan ka yanke hula ɗaya, ka kifa ta a kan baƙar takarda, ka rufe da kofi ta kwana. Garin irin da zai zubo fari ne in dai Mycena ne. In ya fito ruwan ƙasa, to ka yi ɓatan kai tun daga tushe.

Mai tambaya: Na gode ƙwarai. Na duba, bakin layukan ba ja ba ne, kuma a jikin itace na cire su. Baƙar takarda ce ba ni da ita, bangon littafi zai yi?

Amsa ta biyu: Zai yi, in ba mai ƙyalli ba ne.