Neman Shawara: Ƙanena Ya Yarda Akwai Gine-gine a Duniyar Wata

Assalamu alaikum, 'yan'uwa. Ƙanena ya duƙufa wajen kallon bidiyoyin da ke cewa wasu halittu daga sararin samaniya sun yi gine-gine a kan wata, wai hukumar NASA ta Amurka ce ke ɓoye zancen. Yanzu har ya kai ga cewa watan kansa ƙerarre ne, cikinsa babu komai. Abin da ya fi damuna shi ne ya daina amincewa da malamansa na kimiyya. Ta ina zan ɓullo masa?

Amsa ta farko: Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Masu cewa cikin wata babu komai sukan kafa hujja ne da abin da ya faru a 1969, lokacin da 'yan sama jannatin Apollo 12 suka saki wani sashe na kumbonsu ya daki watan, na'urar auna girgiza kuma ta nuna yana rawa kusan awa guda. Dalilin shi ne duwatsun wata busassu ne ƙarau, babu ruwan da zai shanye girgizar da wuri kamar yadda yake faruwa a duniyarmu.

Amsa ta biyu: Malam, ka ba shi labarin motar binciken ƙasar Sin, Yutu-2. A ƙarshen 2021 ta hango wani abu mai kusurwoyi can nesa a bayan wata, wato ɓangaren da ba a gani daga duniyarmu, mutane suka yi ta yayata cewa ɗaki ne. Da ta matsa kusa a watan Janairun 2022, sai ga ɗan ƙaramin dutse a bakin rami. Sannan ka tambaye shi cikin natsuwa: Tarayyar Sobiyet ta ɗauki hoton bayan wata tun 1959, Sin ta sauka can a 2019, Indiya ma ta sauke kumbonta kusa da ƙuryar kudu a 2023, me zai sa waɗannan ƙasashe, da wasunsu ba sa ga maciji da Amurka, su rufa mata asiri?

Amsa ta uku: Ni dai roƙona, Yaya, kada ka kunyata shi a gaban mutane, domin hakan zai ƙara masa taurin kai. Hotunan kumbon LRO, wanda ke zagaya wata tun 2009, suna nan a intanet kyauta, har sawun da 'yan sama jannati suka bari ana gani. Ku zauna tare, ya zaɓi wurin da aka ce akwai hasumiya, ku duba shi a hoton da rana take ƙasa-ƙasa, inuwa ta yi tsawo, sannan ku nemo wanda aka ɗauka rana tana tsaka, ka bar shi ya faɗi abin da ya gani da bakinsa.