Shin Sa Hannun Jimmy Carter Ne Ya Haifi Ƙananan Masana'antun Giya a Amurka?

Ɗan Oregon: Assalamu alaikum iyaye da 'yan'uwa. Ga maganar da na yi alkawarin kawowa, tun da ta shafi noma da kasuwa. A 1873 masana'antun giya a Amurka sun haura 4,000. Suka yi ta raguwa, haramcin 1920 zuwa 1933 ya ƙarasa su, waɗanda suka farfaɗo kuma manyan kamfanoni suka riƙa haɗiye su, har a ƙarshen shekarun 1970 ba su kai 100 ba. Yau sun wuce 9,000, galibinsu ƙanana, kowace da garinta da masu sayenta. Ni a ganina abu ɗaya ne ya juya lamarin: a watan Oktoba na 1978 Shugaba Carter ya sa hannu a dokar da ta halatta wa mutum ya dafa giya a gidansa, galan 100 a shekara ga baligi ɗaya, 200 ga gida mai baligai biyu ko fiye. Ba don wannan ba, da babu su.

Alhajin Dawanau: Wa'alaikumus salam. Ɗana, kafin a yi nisa, giya dai haramun ce a wurinmu, ba na so yaran da ke cikin nan su ɗauka tallarta ake yi.

Shugaban Zaure: Gaskiya ne Alhaji, hukuncinta ba ya cikin muhawara, kuma akwai 'yan'uwanmu Kirista a nan da za a mutunta su ma. Abin da muke bi shi ne yadda ƙaramar sana'a ke tsira a gaban babba. A ci gaba.

Malamar Kimiyyar Abinci: Ƙanina, shekarun ba su goyi bayanka ba. Fritz Maytag ya sayi masana'antar giya ta Anchor a San Francisco tun 1965, tana dab da rufewa, ya gyara ta. Jack McAuliffe ya buɗe New Albion a Sonoma a 1976, da tankunan da ya harhaɗa da hannunsa. Duk kafin Carter. Ka kuma dubi Ingila: tun 1963 aka cire wa masu dafawa a gida sharaɗin lasisi, ƙungiyar CAMRA ta tashi a 1971 tana yaƙi da giyar manyan kamfanoni, amma babbar bunƙasar ƙananan masana'antunsu sai bayan 2002, da ministan kuɗi na lokacin, Gordon Brown, ya rage musu haraji. In dokar dafawa a gida ce ke haihuwa, me ya jinkirta Ingila kusan shekara arba'in?

Ɗan Oregon: Yaya, New Albion ɗin ai ta rufe a 1982. Mutum biyu ko uku ba su zama masana'anta. Abin da dokar ta yi shi ne mayar da ɗakin girki makaranta. A watan Disamba na 1978 Charlie Papazian ya kafa ƙungiyar masu dafawa a gida a Boulder ta jihar Colorado, aka fara buga mujalla da littattafai, ana gasa a fili, kantuna na sayar da tsiron sha'ir da yis ba tsoron hukuma. Daga cikin waɗannan mutane ne masu masana'antun suka fito. Ken Grossman na masana'antar giya ta Sierra Nevada haka ya fara.

Malamar Kimiyyar Abinci: Grossman ya buɗe kantin kayan dafawa a gida a Chico tun kafin dokar. Ashe ana yi, dokar ce ta biyo baya.

Tsohon Jami'in Haraji: Ku bari in sa baki, nan fagena ne. Ɗana, dokar da kake magana ta ba ka izinin dafawa, amma ba ta ba ka izinin sayar da ko cokali ɗaya ba. Wanda ya buɗe ƙofar garke ba shi ya haifi shanun ba. Abu biyu ne suka mayar da sha'awa ta zama kasuwa. Na farko haraji: a 1976 aka rage wa ƙananan masana'antu harajin ganga daga dala 9 zuwa dala 7 a kan gangunan farko 60,000. A 1991 aka ninka na manya zuwa dala 18, na ƙanana aka bar shi a dala 7. Tazarar dala 11 ke nan a kowace ganga a lokacin, kuma ga mai ƙaramin jari wannan ita ce tsakanin biyan albashi da rufe ƙofa.

Na biyu ya fi nauyi. Bayan 1933 jihohi sun raba sana'ar gida uku: mai dafawa, dillali, mai kanti. Mai dafawa ba ya sayar wa mai sha kai tsaye, sai ta hannun dillali, dillalin kuwa motocinsa cike suke da kayan manya, ina zai kula da mai ganga goma? Sai a 1982 Washington da California suka yarda mutum ya dafa ya sayar a wurin da ya dafa, Oregon ta bi a 1985. Bert Grant ya buɗe tasa a Yakima a 1982. Dokar Carter ta tarayya ce, amma bunƙasar ta fara ne a gaɓar yamma. Me ya sa ba ta tashi ko'ina lokaci ɗaya ba? Domin jihohin ne ke riƙe da makullin kasuwa.

Malamin Noma na Samaru: Baba ya yi magana, amma kowa ya manta da manomi. A 1972 masu bincike a Oregon suka fitar da irin hop mai suna Cascade, furen da ke ba giya ɗaci da ƙamshi. Ƙamshinsa irin na lemo ya bambanta da na Turai, shi ne ya ba giyar Sierra Nevada ta 1980 ɗanɗanon da manya ba su da shi. Kwarin Yakima ne ke noma mafi yawan hop na Amurka, yana kusa da su. Mu ma mun ga ƙarfin iri a nan gida. Da gwamnatin Babangida ta hana shigo da tsiron sha'ir a 1988, kamfanoni suka koma kan dawa, kuma iri irin SK5912 na cibiyar binciken noma ta IAR da ke Samaru ya shiga cikin waɗanda suka dogara da su. Doka ta tura, amma da babu irin da ya dace da ba a je ko'ina ba.

Alhajin Dawanau: Wannan kam na shaida. Har yau tirela na lodin farar dawa da kaura zuwa masu yin tsiro, wani ya tafi lemon malt, wani ya tafi inda ba mu so. Akwai 'yan kasuwar da ke tambayar inda kaya za su kafin su sayar, kuma ina ganin girmansu.

'Yar Pankshin: Sannunku iyayena. Ni kakata da burukutu ta biya kuɗin makarantar mahaifina, shi ya sa maganar nan ta taɓa ni. Ina ganinta tana jiƙa jar dawa, ta tsame ta shimfiɗa a ɗaki ta rufe da ganye tana yayyafa ruwa har ta yi tsiro, ta shanya, a kai niƙa. Sannan manyan tukwane a kan murhu, a dafa, a bari ya yi tsami, a sake dafawa, a tace, a zuba ragowar na baya don ya tashi. Hayaƙi ya cinye mata ido, itacen kuma da kanta take saye. Ranar kasuwa a sayar a ƙwarya, abin da ya kwana biyu ya yi tsami ya zama asara. Yaya na Oregon, ba wanda ya hana ta dafawa a gida. Haka masu pito a Gana da masu bilbil a Kamaru da Cadi. In dafawa a gida ce ke haifar da masana'anta, da Filato ta riga Colorado.

Malamar Kimiyyar Abinci: Ƙanwata kin taɓo jijiyar. Burukutu ana shan sa yana kan tashi, in kika toshe shi a kwalba zai fasa ta. Ba-Amurken yana da hop da ke hana lalacewa, da tankin ƙarfe, da firiji da wutar da ba ta ɗaukewa. Grossman da tsoffin tankunan madara ya fara, domin akwai su birjik a ƙasarsu da araha. A Zambiya da Zimbabwe an mayar da giyar hatsi ta gargajiya masana'anta da sunan Chibuku, amma babban kamfani ne ya yi, matan da suka gaji sana'ar ba su ne suka ci ribar ba. Wannan ke ci mini rai.

Ɗan Oregon: Na ji ku duka, kuma ina nan kan bakana a kan abu ɗaya: haraji da lasisi ba sa koya wa mutum sana'a. Da jihohi suka buɗe ƙofa a 1982, dubban da suka ƙware a gida ne suka shiga. Kakarki tana da ƙwarewar ba ta da sauran, su kuma sun samu duka biyun.

Tsohon Jami'in Haraji: To ai ka sauko daga "ba don wannan ba da babu su", ɗana.

Alhajin Dawanau: Ni tambayata ta ɗan kasuwa ce. Na ji an ce manyan suna saye ƙananan. Ina bunƙasar take?

Ɗan Oregon: Suna saye, ranka ya daɗe. Anheuser-Busch ta sayi Goose Island ta Chicago a 2011, Heineken ta mallaki Lagunitas gaba ɗaya a 2017. Anchor ɗin Maytag ma Sapporo ta Japan ta saye ta a 2017, ta rufe ta a 2023. Duk da haka ƙananan na riƙe da wajen kashi 13 cikin 100 na giyar da ake sayarwa, da kusan kashi ɗaya cikin huɗu na kuɗin, domin tasu ta fi tsada kuma mutanen garinsu na biya.

Alhajin Dawanau: To ni abin da zan ɗauka ke nan in kai wa masu kunun zaƙi da zoɓo da fura, waɗanda halal ne kuma matsalarsu ɗaya da ta kakar 'yar Pankshin: kaya ba ya kwana, wuta babu, rajistar NAFDAC kuma mai roba hamsin da mai tirela hamsin duk sai sun bi ta. Malama, in akwai hanyar da kunu zai yi mako a kwalba bai lalace ba, ki buɗe mana sabon zance a kai gobe, zan gayyato matan da ke sayen gero a rumfata.